Wuƙa a Hannun Kaka

Ranar da Baba Muntaka ya shahara, shi ne mutum na ƙarshe a Garwa da ya samu labari. Yana zaune ne a tabarma, gindin darbejiyar gidan ɗansa Habib a unguwar Hawsare, jikansa Muhaimin ɗan wata tara yana kwance a cinyarsa tsirara saboda zafi, shi kuwa yana yi masa abin da ya iya.

Shekara arba'in da ɗaya ya yi yana fawa a babbar kasuwa kafin hannunsa na dama ya kama karkarwa, ya ajiye wuƙa. Mutum irin wannan in ka miƙa masa jariri, ba zai tsaya yabon ido da hanci ba. Cinya zai kama ya matsa.

"Kai, kai, kai! Wa ya kiwata maraƙin nan? Dubi cinya, tsoka zalla, ko jijiya babu. Haƙarƙarin nan na matar préfet ne, mai mulkin gunduma, kar kowa ya taɓa. Tozo bai fito ba tukuna, sai baɗi. Tumbi kuwa..." sai ya kifa baki a cikin yaron ya hura, "tumbi nawa ne, ba na sayarwa ba ne."

Yaron ya ƙyalƙyale da dariya har da shaƙuwa, yana harba ƙafafu. Daga bakin ƙofar falo Habib yana tsaye da waya a hannu, ya ɗauke numfashi kamar mai haƙon tsuntsu.

Habib yana da 'yar rumfar gyaran waya kusa da kasuwa, amma ba can zuciyarsa take ba. Shekara uku yana zuba bidiyo a TikTok da Facebook. Ya yi wa matasa nasiha, ba wanda ya shiryu. Ya yi waƙa, har matarsa Huda ta haɗa shi da Allah ya goge. Masu kallonsa na dindindin su uku ne: shi da kansa, da Huda, da wani ɗan'uwansu a Poli da ke danna zuciya a kan komai, har sanarwar rasuwa.

Ita Huda a wani kantin magani take aiki, daga safe zuwa la'asar. Da hutun haihuwarta ya ƙare, sai aka ce da tsohon, "Baba, ai kana gida, ka ɗan sa masa ido kawai." Sa ido ya haifi canjin famfas, canjin famfas ya haifi haɗa madara, daga nan sai goyo da zanen marigayiya matarsa. Bai yi ƙorafi ba. In gaskiya za a faɗa, tun da ya bar kasuwa bai samu mai murnar ganinsa da sassafe kamar wannan ɗan tsugul ba.

Bayan kwana biyu, ya fito daga sallar azahar yana laluben takalmi, wani mai moto, ɗan acaɓa, ya rage gudu ya kwarara ihu: "Papy Boucher! Tumbi yana nan?" Mutanen bakin masallaci suka fashe da dariya. Abokinsa Adoum, dillalin shanu, ya ja shi gefe ya zaro waya.

"Muntaka, ashe fim ka koma ba ka gaya mana ba?"

Tsohon ya ga kansa a cikin singileti mai huji a hammata, giɓinsa a waje, yana hura cikin jariri. An yi rubutu da Faransanci a sama, wai Kaka Mahauci.

"Mutum dubu ɗari biyu sun kalla," in ji Adoum.

"Dubu ɗari biyu? Duk ba su da aikin yi?"

Ya tarar da Habib a tsakar gida yana murmushi shi kaɗai.

"Habibu, wa ya ce ka shanya ni a idon duniya da singileti?"

"Baba, son ka ake yi wallahi. Ga wata daga Douala ta ce ka tuna mata kakanta. Ga wani daga Faransa ya ce har kuka ya yi."

"Me na yi masa?"

"Kukan daɗi, Baba."

"Yaron nan kuma tsirara yake."

"Ai na liƙa masa hoton fure a wajen. Kuma tarihi nake tara masa, in ya girma sai ya gode min."

Baba Muntaka ya yi tsaki ya wuce ɗaki. Ya ɗauka shi ke nan, an yi an gama. Bai san cewa mutum dubu ɗari biyu in suka yi dariya yau, gobe da safe za su dawo da bakinsu a buɗe ba.

Habib ya daina zuwa rumfa kafin azahar. Ya sayo wata fitila mai zagaye kamar bakin tulu, ya kafa a tsakar gida da rana tsaka, a garin da rana ke gasa ƙwai a kan bonet ɗin mota. Ya sayo farar rigar mahauta ta leda ya yayyafa mata jan fenti, da wata doguwar hula irin ta masu dafa abinci a otel.

"Wane mahauci ka taɓa gani da wannan tukunya a ka?"

"Mabiya suna son ta, Baba."

Wasan da a da yake fitowa daga ciki, yanzu sai an ce "fara". In ya ce cinya, Habib ya ce a sake, mota ta wuce. In ya ce tumbi, a sake, yaron bai kalli waya ba. Sau takwas, sau goma, har yaron ya gaji da dariya ya koma kallonsu kamar mai jiran a sallame shi. In barci yake, sai Habib ya tashe shi, wai hasken safe ba ya jira. Wata rana ya riƙe kwalbar madara a bayansa minti goma cur, yaron yana tsala kuka yana miƙa hannu, don a ɗauki tsoho yana zagaye tsakar gida yana nema.

"Ba shi abincinsa, kai!"

"Saura kaɗan, Baba. Kukan yara ai motsa jiki ne, likitoci ma sun faɗa."

Bidiyon da ya fi tafiya shi ne na ranar Talata. Yana canza famfas, yaron ya saki fitsari ya wanke masa gemu. Habib ya maimaita wurin sau uku a hankali, ya sa kiɗa. Ran Juma'a, da Baba Muntaka ya shiga sahu, wanda ke damansa ya sunkuyar da kai kafaɗunsa na rawa. Bayan sallama wani dattijo, wanda ya yi shekara ashirin yana sayen hanta a teburinsa, ya tambaye shi da fuskar malamai ko ya sake alwala tun ranar.

Akwai wanda aka ɗauke shi yana gyangyaɗi, baki buɗe, ƙuda yana shawagi. Akwai wanda zanen goyo ya kwance, wandonsa ya bi shi. Wannan bai ma san an ɗauka ba sai da 'yan mata biyu suka tare shi a bakin titi suna so su yi hoto da shi, ɗaya tana cewa ya ɗan riƙe wandon kamar yadda ya yi.

Ya kai kuka wurin Huda. Ta durƙusa nesa da shi kamar yadda suruka ta gari ke yi, kanta a ƙasa, muryarta kamar zuma.

"Baba, ni ina zan shiga tsakanin ɗa da uba? Ka yi haƙuri. Kuma ka ga wani kantin kayan jarirai ya aiko mana da keken koyon tafiya da katan ɗin famfas. Albarkarka ce yaron yake ci."

Ta tashi ta koma ɗaki, ya jiyo muryarsa tana fitowa daga wayarta, tana kuma dariya ƙasa-ƙasa.

Da wata na biyu ya kama, masu kallo suka fara raguwa. Sun ga cinya, sun ga tumbi, sun ga fitsari. Habib ya rame. Yana zaune yana jan yatsa a waya kamar mai jan carbi, sai ya ɗago.

"Baba, kowa tambaya ɗaya yake yi. Wai mahauci ba wuƙa?"

"Su je mahauta su gani."

"Riƙewa kawai za ka yi. Ka ɗaga ta sama, ka ce yau za a yanka maraƙi, ka ajiye. Daƙiƙa biyar."

Baba Muntaka ya miƙa masa hannun dama, yana kaɗawa shi kaɗai kamar ganyen rama a iska.

"Dubi nan. Saboda wannan na bar sana'ar ubana. Ban yarda da shi a kan saniyar da ta riga ta mutu ba, sai a kan ɗanka?"

Habib bai yi musu ba. Ya bar maganar kwana biyu. A na uku, suna karin kumallo, ya ce da Huda, da murya daidai yadda za ta kai tabarmar tsohon, "Ni ina ganin mu kai Muhaimin gidan renon yara na Rumde Ajiya. Baba ya gaji, ga hannunsa ma ya faɗa da bakinsa. Ya huta."

Yaron yana tsaye a lokacin, ya dafa gwiwar kakansa, yana ƙoƙarin cusa masa ɓawon burodi a hanci. Baba Muntaka ya dube shi. Ya dubi tsawon yinin da zai yi a gindin darbejiya shi da ƙadangaru.

"Kawo wuƙar," ya ce. "Amma ta bayanta zan riƙe, kuma nesa da shi."

Habib ya kawo babbar wuƙarsa ta kasuwa, wadda ke naɗe a tsumma a ƙasan akwati. Ya kwantar da yaron a kan teburin cin abinci, ya kunna fitila, ya gyara wa ubansa hula. Tsohon ya tsaya taku biyu daga teburin.

"Matso, Baba, ba ku shiga tare ba. Ƙara kaɗan. Ɗaga sama. Haɗe rai mana, kamar da gaske."

"Yau za a yanka maraƙi," in ji Baba Muntaka, muryarsa ba daɗi.

Hannun ya yi abin da ya saba. Wuƙar ta kuɓuce, ta daki gefen tebur, ta faɗi a siminti da ƙara. Ba ta taɓa yaron ba, tsakaninsu ya fi kamu biyu, amma ƙarar ta firgita shi ya ƙwalla wata irin ƙara da kakansa bai taɓa ji ba. Tsohon ya fizge hular ya yar, ya sure shi ya rungume, yana karanto duk addu'ar da ta zo bakinsa.

"Goge shi. Habibu, goge shi yanzu a gabana."

"Na goge, Baba. Ga shi, ka gani."

Ya goge ɗin kuwa, bayan ya tura wa mutum ɗaya. Abokinsa ne na amana, don ya ba shi shawara kawai. Shi ma na amanar yana da nasa na amanar. Kafin la'asar washegari wani da ba wanda ya san shi ya datse bidiyon ya bar daƙiƙa bakwai: tsoho cikin riga mai jini, wuƙa a sama, jariri a tebur, ƙara. Ya yanke rungumar, ya yanke addu'ar, ya yanke muryar da ke cewa "matso, Baba". Ya rubuta a sama da manyan baƙaƙe cewa wani mahauci a Garwa ya so ya yanka jikansa.

Wannan ya wuce na fitsari nesa ba kusa ba. Wadda ta ce ya tuna mata kakanta, ita ce ta fara rubuta a ɗaure shi. Na Faransa mai kukan daɗi ya ce tun farko shi ya ga mugunta a idon tsohon. Kowa ya tura wa kowa, kuma kowa da dalilinsa mai kyau: don iyaye su farga, don hukuma ta gani, don kar a ce ya gani ya yi shiru. Akwai masu rubuta "ba zan iya kallo ba" bayan sun kalla sau huɗu.

A unguwa, mata suka riƙa janye 'ya'yansu in ya doso. Ya je mahauta don ya ga fuskokin da suka san shi, wani tsohon abokin teburinsa ya tare shi tun daga ƙofa.

"Muntaka, ka ja mana. Jiya wata ta ce min ba ta sayen nama wurin masu yanka yara. Ka ɗan yi nesa da nan har ƙura ta lafa."

Adoum ne kaɗai ya zo gida. Ya zauna, ya sha ruwa, ya yi ta juya hularsa a hannu.

"Ni na san ƙarya ne. Na rantse wa mutane. Shi ya sa ma na tura wa 'yan kasuwar shanu, na ce su duba su ga sharrin da aka yi maka."

"Kai ma ka tura?"

"Don in kare ka ne ai."

Ranar Litinin da hantsi wata mata ta yi sallama, doguwa, da tabarau da jakar takardu. Ta ce sunanta Madame Lucienne, daga ofishin kula da walwalar jama'a. Aka shimfiɗa mata darduma a falo, Huda, da ba ta je aiki ba ranar, ta fito da lemo. Baƙuwar ta duba yaron ciki da bai, ta ga lafiyarsa lau har da ƙari. Sannan ta dubi Habib ta yi tambaya da Faransanci.

"Wa ke riƙe da wayar?"

Habib ya gyara zama. Ya ce ba kowa. Ya ce shi ya jingina ta a kan kabad a ɓoye, don ya daɗe yana zargin kan mahaifinsa ya fara taɓuwa, tsufa ne, kin san yadda yake. Ya ce wasannin baya duk da yardar tsohon aka yi, amma wannan na wuƙa shi ma a waya ya gan shi, ya kusa suma. Ya yi maganar da sauri, da Faransancin makaranta mai santsi, don ya san ubansa bai yi boko ba. Ya manta cewa mutumin nan shekara arba'in yana sayar wa matan ma'aikata nama. Ya san yadda ake cewa tsoho da Faransanci, ya san yadda ake cewa mahaukaci.

Madame Lucienne ta cire tabarau. Ba yau ta fara shiga gidaje ba, kuma ta san wayar da aka jingina a kabad ba ta bin mutum tana matsowa. Ta juyo wurin tsohon ta koma Fulatanci, harshen da duk Garwa ke haɗuwa a kai.

"Papa, kai nake so in ji. Wani ne ya sa ka?"

Baba Muntaka ya dubi ɗansa. Gumi ya jiƙa wuyan rigar Habib, idanunsa sun yi irin na lokacin da yake ɗan shekara bakwai ya fasa sikelin kasuwa. In ya faɗi gaskiya, wa za a tafi da shi? In an tafi da uban, yaron fa? Ya dubi Muhaimin a hannun uwarsa, yana miƙo hannu yana buɗewa yana rufewa.

"Ni na ɗauki wuƙa," ya ce. "Da hannuna."

"Ba abin da na tambaya ke nan ba."

"Shi ne abin da zan faɗa."

Ta rubuta a takardarta. Ta ce ba za a kai maganar gaba ba, amma daga yau ba za a bar shi shi kaɗai da yaron ba. Habib ya sa hannu da sauri har biro ya huda takarda. Da ta zo fita ta tsaya a zaure kusa da tsohon, ta rage murya.

"Papa, ka yafe ni. Na cinya da tumbin nan, ni ma na tura wa ƙanwata a Ngaoundéré. Mun yi dariya sosai."

"Allah ya ƙara lafiya," in ji shi.

Da yamma Habib ya sa farar jallabiya, ya kunna fitilarsa, ya zauna ya nemi gafarar duniya. Ya ce ya yi sakaci da ya amince wa dattijo mai rauni. Ya ce a yi wa mahaifinsa addu'a, kar a zage shi. Ya yi hawaye a wurin da ya dace, da bai fito sosai ba ya sake. Wannan bidiyo shi ya fi duk abin da ya taɓa yi tafiya. Aka yi ta sa masa albarka, uba na gari, ɗa mai haƙuri. Wata ƙungiya ma ta gayyace shi ya yi wa iyaye lacca a kan tsaron yara.

Aka kai Muhaimin gidan reno. Da la'asar in an dawo da shi, yana ganin kakansa a gindin darbejiya sai ya zame daga hannu ya rarrafo da gudu. Huda ta bi shi ta cafke tun bai kai tabarma ba.

"Ka yi haƙuri, Baba. Ba don ni ba. Kar maƙwabta su leƙo ta katanga su ɗauka."

Yaron ya yi ta kuka a ɗaki, tsohon yana jin sa, yana zaune da hannuwansa a cinya ba abin da za su riƙe. Kwana tara ana haka. Abinci ma ya daina wuce masa.

A na goma Habib ya zo ya tsuguna, yana kallon ƙasa.

"Baba, na yi magana da Gwaggo Hajjo a Guider. Ta ce ka je ka ɗan sha iska. Wata ɗaya ko biyu, kafin mutane su manta."

"Mutane ko kai?"

"Baba, ka san ban yi don in cuce ka ba. Da na faɗi gaskiya da yanzu ina kurkuku. Kai kuwa tsoho ne, ba abin da za a yi maka."

"Ba abin da aka yi min," in ji Baba Muntaka a hankali. "Habibu, na yanka shanu sun fi gashin kanka. Ban taɓa yanka ɗaya ba sai na ba ta ruwa, na juya ta kar ta ga wuƙa. Kai ko wannan ba ka yi min ba."

Wayar Habib ta yi ƙara a aljihu, hannunsa ya tafi wurinta kafin ya tuna ya dawo da shi.

Da safe, bayan an tafi da yaron, Adoum ya kai shi tasha a moto. Tsohon ya sa babbar rigarsa ta Juma'a da rawani, ya samu kujera kusa da taga. Wata matashiya ta zauna kusa da shi da jaririya 'yar wata shida, ta gaishe shi da ladabi, ta ce sunanta Zenaba, za ta je ganin uwarta. Mota ta tashi. Kafin su kai Pitowa zafi ya cika motar, jaririyar ta fara tsala kuka, uwar tana jijjiga ta da hannu ɗaya, ɗayan yana kan waya.

"Innalillahi! Baba, ka ga wannan kuwa?" Ta kanga masa wayar a fuska.

Bidiyon ya sha hannu har ya dusashe. Wani tsoho ne da doguwar hula da riga mai jini, fuskarsa a murtuke. Wuƙa, ƙara, a sake daga farko. Baba Muntaka ya kalla har sau biyu. Shi kansa da bai san mutumin ba, da ya ji tsoronsa.

"Na gani," ya ce.

"Mugun tsoho! A Garwa fa, cikin garinmu. Wallahi da 'yata ce sai na ci naman wuyansa." Jaririyar ta kai wa wayar cafka. "Kai, wannan yarinya! Baba, don Allah riƙe min ita in tura wa matan unguwarmu kafin rezon waya ya ɗauke."

Ba ta jira amsa ba, ta dire masa ita a cinya. Ya tallafe ta. Sannan ya kwantar da ita a ƙirjinsa, ya ja gefen rawaninsa ya kare mata rana, yana ɗan bubbuga bayanta yana gunguni a kunnenta. Kukan ya koma shessheƙa, shessheƙa ta koma numfashi. Ta cusa hannu a gemunsa ta yi barci.

Zenaba ta gama da matan unguwa, ta tura wa 'yan ajinsu, da dangin mijinta, da ƙungiyar masu adashi. Ta ɗago ta ga 'yarta, ta riƙe baki.

"Ikon Allah! Tun asuba take min rigima. Baba, kai kana da hannun reno. Irinku ya kamata a bar wa yara, ba irin wancan ba."

"Kin san shi ne?"

"Ina zan san shi? Ai ga shi na gani da idona." Ta ɗaga wayar ta saita su. "Tsaya haka, kun yi kyau wallahi. Bari in ɗauke ku in sa, mutane su ga har yanzu akwai tsofaffin kirki."

Ya ɗaga tafin hannunsa ya rufe fuskar yarinyar.

"Kin tambaye ta?"

Zenaba ta yi dariya. "Baba, jaririya ce fa, ba ta magana."

"Ni ina magana," in ji shi. "Ni ma ba a tambaye ni ba."

Dariyar ta yanke. Ta dubi giɓinsa, ta dubi hannun da ke karkarwa a kan fuskar 'yarta, ta dubi wayar, ta sake dubansa. Ta miƙo hannuwa biyu za ta karɓe ta, suka tsaya a hanya. Yarinyar tana barci, bakinta a buɗe, ta damƙe gemun tsohon kamar an ce za a ƙwace mata.

Wayar ta shiga ƙara a cinyarta, ɗaya bayan ɗaya. Matan unguwa ne suka fara amsawa, kowace da tata tsinuwar, kowace tana cewa ta tura gaba. Zenaba ta kifa ta a kan zanenta ta danne da hannu, amma ba ta daina motsi ba.

Har suka shiga Guider ba ta karɓi 'yarta ba, ba ta kuma iya haɗa ido da shi ba. Da motar ta tsaya, ya zare gemunsa a hankali daga 'yan yatsun, ya miƙa mata ita ba tare da ta farka ba.

"Tallafi kanta," ya ce. "Kuma ki ba ta ruwa, ta yi gumi."

Ya ɗauki jakarsa ya sauka.